Waiwaye: Adamu Halilu da Ranar da Majigi Ta Daina Zuwa

Duk lokacin da aka tayar da maganar ƙarancin fina-finan gaskiya da harshen Hausa, wato waɗanda ke ɗauko rayuwa yadda take ba wasan kwaikwayo ba, sai a ɗora laifin a kan fina-finan soyayya da rawa, ko a ce matasa ba su da haƙurin kallo. Amma raunin ya girmi bidiyon Hausa, kuma aikin marigayi Adamu Halilu, mai shirya fina-finai, ya isa shaida.

Farkon labarin sananne ne. A 1939 Turawan mulkin mallaka suka kafa sashen fim a Landan, motocin majigi suka riƙa zaga ƙauyuka da darussan tsafta da noma, daga baya Gwamnatin Jihar Arewa ta ci gaba da aikin daga Kaduna. A wannan turba Halilu, haifaffen Garkida a 1936, ya ƙware, ya shirya gajerun fina-finai masu yawa kafin ya fitar da fim ɗin Shaihu Umar a 1976. Salonsa shi ne ya saƙa darasi a cikin labari, ya bar kyamara ta tsaya a kan naɗin rawani ko karatun allo har ido ya ƙoshi.

Abin da ba a cika ambata ba shi ne inda wannan salo ya samo ƙarfinsa. Majigi a fili ake yin ta, bayan sallar isha'i, a kafa farin allo a ƙofar fada ko filin makaranta, janareta na ruri, mai bayani riƙe da lasifika yana fassara hoto da bakin mutanen wurin. Idan an nuna riƙon fartanya ba daidai ba, nan take manoma za su yi guna-guni, idan kuma magana ta shiga, za a ji fili ya yi tsit. Wannan shi ne makarantar mai shirya fim, domin jama'ar da ya ɗauka su ne alƙalansa. Da talabijin ta kafu a Kaduna a 1962, sannan ta bazu a jihohi, sai aikin ya koma ɗakin watsa shiri a hankali, ya zama na birni da masu wutar lantarki. Mutumin karkara ya ci gaba da fitowa a hoto, amma ya daina ganin kansa, kuma a ganina nan ne igiyar ta tsinke.

Sauran ya biyo baya da sauri. Faɗuwar darajar naira daga 1986 ta sa faifan fim ya gagari saye, aka koma kaset, wanda sau da yawa akan goge shi a sake ɗauka a kai. Matasan da ke ɗaukar tarihin unguwanni irin su Kakuri ko Tudun Wada da waya a yau sun taso ba su ga aikin magabatansu ba. Shaihu Umar kansa sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiya, aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018.