Ernest Okonkwo: Muryar da Ta Riƙe Ƙwallon Najeriya a Rediyo

Wane ne Ernest Okonkwo?

Mai sharhin wasanni ne a gidan Rediyon Najeriya, ɗan asalin jihar Anambra. Ya kama aiki a 1957, shekarar da aka kafa hukumar watsa labarai ta NBC, wadda ta koma FRCN (wato Rediyon Najeriya) a 1978. Yana bakin aikinsa har rasuwarsa a 1990.

Me ya sa har yau ake ambatonsa?

A zamaninsa talabijin ta gidan masu hali ce. Talaka kuwa sai ya sa batir a rediyo, a kewaye ta a ƙofar gida ko teburin mai shayi. Duk abin da mai sharhi bai faɗa ba, to a wurin mai sauraro bai faru ba. Okonkwo ya gane nauyin wannan amana. Yakan faɗi wanda ke riƙe da ƙwallo, da inda yake a fili, da wanda ya taso masa, muryarsa na hawa da sauka tare da wasan. Har ta kai masu talabijin ma kan kashe sautinta su kunna rediyo.

Gaskiya ne shi ya raɗa wa 'yan wasa laƙabi?

Ƙwarai. Shi ya kira Segun Odegbami "Mathematical", Christian Chukwu "Chairman", mai tsaron gida Emmanuel Okala kuma "Man Mountain". Abin ya yi kama da kirarin 'yan dambe: idan ya dace da mai shi, ya bi shi ke nan har tsufa. Ba a banza suke zuwa ba, sai ya nazarci salon ɗan wasa tukuna. Waɗannan 'yan wasan na cikin tawagar Najeriya, wadda a lokacin ake kira Green Eagles, da ta ɗauki Kofin Afirka ranar 22 ga Maris 1980, bayan ta lallasa Aljeriya da ci 3-0 a Legas.

Ranar baƙin ciki fa?

A 1977, a wasan neman gurbin Kofin Duniya da Tunisiya a Legas, ɗan wasan Najeriya Godwin Odiye ya jefa ƙwallo da ka a ragar gida. Ana danganta wa Okonkwo cewar da aka yi Najeriya ta ci Najeriya. Ya faɗi ɗacin yadda yake, bai ɓoye ba.

Matashin da ke son wannan aiki da Hausa, ta ina zai fara?

Ta filin unguwa. Ya haddace sunaye da lambobin riga, ya san dokokin wasa, ya riƙa maimaita ci da minti saboda wanda ya kunna rediyo yanzu. A ganina yawancin shirye-shiryenmu sun karkata ga Firimiyar Ingila da La Liga, waɗanda kowa ke gani a gidan kallo. Inda ake buƙatar mai sharhi da gaske shi ne ranar da Kano Pillars ko Katsina United suka tafi wasan waje, babu kyamara, magoya baya kuma na gida suna jiran labari.