Iyalin George Foreman

George Foreman (1949–2025) ɗan damben boksin ne na Amurka, wanda ya riƙe kambun duniya na ajin masu nauyi sau biyu, a 1973 da kuma 1994, na biyun yana da shekara 45. Dattawan Kano sun fi tuna shi da karonsa da Muhammad Ali a Kinshasa a 1974, inda Ali ya buge shi. A ƙasarsu kuwa, labarin gidansa ya yi suna kusan kamar dambensa.

Ya yi aure sau biyar. Matarsa ta ƙarshe, Mary Joan, ya aure ta a 1985, suna tare har mutuwa ta raba. 'Ya'yansa goma sha biyu ne, mata bakwai da maza biyar, kuma mazan nan duka ya raɗa musu sunansa, George Edward Foreman. Amurkawa sun daɗe suna yi masa dariya a kan haka. Bakano ba zai ga abin dariya ba, don a cikin birni ba a rasa gidan da kowane ɗa namiji Muhammadu ne, sai a bambanta su da Auwalu, Sani, Salisu da Rabi'u. Shi ma da laƙabi ya raba gardama: in aka fara ƙirga daga uban a matsayin George na ɗaya, na uku Monk, na huɗu Big Wheel, na biyar Red.

Dalilinsa shi ne 'ya'yan ba ɗakinsu ɗaya ba, yana so su sami abin da zai ɗaure su wuri guda, in ɗaya ya ɗaukaka duk sun ɗaukaka, in ya faɗi sun faɗi tare. Tarihinsa ma ya isa dalili. Ya tashi cikin talauci a birnin Houston, ya bar makaranta da wuri, kuma sai da ya girma ya gano cewa J.D. Foreman, wanda yake amsa sunansa, ba shi ne mahaifinsa ba.

Biyu daga cikin 'ya'yan sun gaji sana'ar. George na uku ya yi dambe na 'yan shekaru ba a taɓa buge shi ba. 'Yarsa Freeda ta shiga a 2000 ba da son uban ba, ta ci wasa biyar, ta faɗi ɗaya, ta ajiye. Ta rasu a 2019 tana da shekara 42, shekara shida kafin rasuwar mahaifinta.