Wa da ƙane, gurbi ɗaya: yadda dokar Olamfik ta raba 'yan gidan Popov

A Fos-sur-Mer, wani ƙaramin gari a kudancin Faransa kusa da Marseille, akwai wa da ƙane da suka tashi da raket a hannu tun suna yara. Babansu Toma Popov ɗan Bulgeriya ne, ya buga badminton a can kafin ya koma koci, kuma shi ne dai ke horar da su. Babban, Toma Junior, an haife shi a Sofiya a 1998, ƙanen nasa Christo shi ma a Sofiya a 2002, bahago ne. Faransa suke buga wa dukkansu. Toma ya ci gasar matasa ta Turai a 2017, ya ɗauki kofin Orléans sau biyu a 2021 da 2022, ga kuma na Sifen a 2021. Christo kuwa ya kai wasan ƙarshe na gasar matasa ta duniya a 2019 inda Kunlavut Vitidsarn na Tailan ya doke shi, a 2020 ya zama zakaran matasan Turai, sannan a farkon Maris 2024 ya ci gasar Jamus.

To ga Olamfik ta zo har gida, Paris 2024, kuma duk wanda ke bin wasan ya san waɗannan biyun sun fi da yawa daga cikin waɗanda suka samu tikitin wasan ɗai-ɗai. Amma Toma kaɗai ya buga ɗai-ɗai ɗin. Christo a gefe ya zauna yana kallo. Mutane da yawa sun ɗauka zaɓen son rai ne hukumar Faransa ta yi, ko kuma an fifita babba saboda girma, alhali ba haka ba ne sam, doka ce a rubuce tun kafin a fara neman maki.

Ga yadda abin yake. Hukumar badminton ta duniya, BWF, ita da kwamitin Olamfik na duniya suka tsara cewa 'yan wasa 172 ne za su shiga Paris, maza 86 mata 86. Ba wata gasar share fage guda ɗaya ake yi ba wadda in ka ci ka wuce, a'a, shekara guda cur ake ba ka, daga 1 ga Mayu 2023 zuwa 28 ga Afrilu 2024, ka yi ta yawon gasa kana tara maki, ranar 30 ga Afrilu aka fitar da jerin ƙarshe wanda da shi aka raba gurabe. Kuma ba duk gasar da ka buga ake haɗawa ba, guda goma mafi kyau kawai ake ɗauka, saboda haka wanda ya buga 25 bai fi wanda ya buga 12 ba sai dai in sakamakonsa ya fi kyau. Gasannin ma hawa-hawa ne. A lokacin wanda ya ci Super 1000 maki 12,000 yake samu, Super 750 kuma 11,000, Super 500 ta ba ka 9,200, Super 300 irin wadda Christo ya ci a Jamus 7,000 ce, haka dai har zuwa ƙananan gasanni irin waɗanda 'yan Afirka suka fi samun damar shiga, masu ba da 4,000 ko 2,500.

Inda gizo ke saƙar shi ne ƙa'idar ƙasa. A wasan ɗai-ɗai, na maza ko na mata, kowace ƙasa mutum ɗaya take da shi, sai fa in tana da mutum biyu da dukkansu suna cikin 16 na farko a wancan jerin, to sai a ba ta biyu, kuma biyun nan shi ne iyaka ko da kuwa tana da biyar a cikin goman farko. Ka lura da kalmar dukkansu, domin nan ne mutane ke ruɗewa. In ɗaya yana na 5 ɗayan yana na 17, mutum ɗaya ne zai je. In ɗaya yana na 20 ɗayan na 21, nan ma ɗaya ne. Toma da Christo duka sun ƙare a wajen 16 ɗin nan, kusa da juna, Toma a gaba, bayan ya kai wasan ƙarshe na gasar Turai a Saarbrücken cikin Afrilu 2024 inda Anders Antonsen na Denmak ya doke shi. Shi kenan, gurbin ya zama nasa. Wato shekara guda yaran nan suna atisaye tare, koci ɗaya, gida ɗaya, har ma su ne abokan juna a wasan bibbiyu, amma kowane makin da ɗaya ya samu yana ture ɗan'uwansa ne daga Olamfik ɗin da za a yi a ƙasarsu. Wallahi abin da nauyi, ni duk sanda na tuna sai in tausaya wa uban fiye da su.

Wani zai ce ai Faransa ce mai masaukin baƙi, ba a yi mata alfarma ba? An yi, amma ba irin wadda ake zato ba. Abin da aka tanadar wa mai masauki shi ne gurbi ɗaya na maza ɗaya na mata a ɗai-ɗai in har ta kasa samu da kanta. Tunda Toma ya samu da guminsa wannan tanadin bai ƙara musu komai ba, ba a cewa ga na gumi ga kuma na kyauta.

Kuma ba Faransa kaɗai dokar ta ciza ba. Chaina tana da mata huɗu a sahun gaba a lokacin, Chen Yufei da He Bingjiao suka tafi, Han Yue da Wang Zhiyi suka zauna a gida, ita Wang ɗin ma a watan Afrilun nan ta ci gasar Asiya. Ka ga wannan ya fi na Christo ciwo.

A wasan bibbiyu dokar ta fi tsanani, tawaga 16 kawai ake ɗauka a kowane ɓangare kuma ƙasa ba ta samun tawaga biyu sai dukkansu suna cikin takwas na farko. A nan ne aka yi wata badaƙala da har ta kai kotu. Faransa tana da tawagar maza biyu masu neman gurbi ɗaya, 'yan gidan Popov da kuma Lucas Corvée da Ronan Labar. BWF ta yi kuskure wajen lissafin maki, jerin da take fitarwa yana nuna su Corvée ne a gaba, da aka gano aka gyara sai ga su Popov sun haura. Su Corvée suka ce ba su yarda ba, domin ɗan wasa da jerin nan yake duba wace gasa zai je wace zai bari, kuma kuskuren ba nasu ba ne, suka kai ƙara kotun sauraren ƙararrakin wasanni ta duniya da ke Lausanne a Siwizalan. Kotun ta ba su gaskiya, ta umarci BWF ta nemi kwamitin Olamfik ya ƙara su, aka kuma ƙara su ɗin ba tare da an cire su Popov ba. Shi ya sa a Paris tawagogin maza suka zama 17 maimakon 16, har rukuni ɗaya ya ɗauki biyar. A ganina hukuncin ya yi daidai, hukumar da ta kafa ƙa'ida ita ce ta ɓata lissafi, bai kamata 'yan wasa su biya ba. Ta wannan ƙofa ta bibbiyu dai Christo ya shiga Olamfik tare da wansa.

Shi kuwa Toma bai ba da kunya ba. A filin Porte de la Chapelle ya doke Anthony Ginting na Indonesiya, mutumin da ya ci tagulla a Tokyo, ya fitar da shi tun a rukuni, jama'ar gida suna ta ihu. A zagaye na gaba ne Lee Zii Jia na Malesiya ya tsayar da shi, shi Lee ɗin kuma ya je ya ci tagulla, Viktor Axelsen na Denmak ya ɗauki zinare.

Yanzu tambayar ita ce dokar nan adalci ce? Ni ina ganin e, duk da zafinta. In aka ce a bi jerin duniya kawai daga sama a ɗauki mutum 40, Chaina da Japan da Indonesiya da Denmak da Indiya da Taiwan za su kwashe kusan komai, kuma irin wannan gasar ai ana yin ta kusan kowane wata, ita ce gasannin BWF na yau da kullum. Olamfik an gina ta ne a kan ƙasashe, shi ya sa dokar ta ƙara da cewa kowace nahiya cikin biyar sai ta samu aƙalla mutum biyu a ɗai-ɗai, a bibbiyu kuma tawaga ɗaya in tana cikin 50 na farko, ga kuma 'yan guraben gayyata ga ƙasashen da ba su da 'yan wasa da yawa. Duk gurbin da aka hana ɗan ƙasa na biyu ko na uku sai ya gangaro ƙasa zuwa wata ƙasar da ba ta samu ba. A irin wannan tsarin ne Anuoluwapo Opeyori na Najeriya, zakaran Afirka, ya buga ɗai-ɗai a Paris, shi da Georges Paul na tsibirin Moris, alhali a jerin duniya suna can nesa da Christo. Wanda bai taɓa ganin yadda ɗan wasan Afirka ke fafutukar kuɗin jirgi da biza don zuwa gasa guda ɗaya ba, shi ne zai iya cewa ba a yi wa Christo adalci ba, amma shi Christo yana da manyan gasanni a maƙwabta, mota ma za ta kai shi wasu, Opeyori kuwa ba shi da wannan. Inda nake ganin a duba shi ne layin 16 ɗin nan, ya yi tsauri, mutum na 17 ko na 20 a duniya ba ƙaramin ɗan wasa ba ne.

Abin da ya ƙara wa maganar armashi shi ne makonni kaɗan bayan an rufe Olamfik, cikin Agusta 2024, wani yaro ɗan Faransa mai shekara 19, Alex Lanier, wanda ko Paris ɗin bai je ba, ya tafi ya ci gasar Japan wadda Super 750 ce. A 2025 kuma ya zama zakaran Turai bayan ya doke Toma Junior a wasan ƙarshe. Christo shi ma ya ci gaba da hawa. Saboda haka Faransa yanzu maza uku take da su masu ƙarfi, kuma in dokar ta tsaya yadda take zuwa Los Angeles 2028, ko da duka ukun sun shiga cikin 16 na farko, biyu ne za su buga ɗai-ɗai, ɗaya sai dai ya nemi hanya ta bibbiyu ko ya zauna a gida.