Gbaja na Surulere: yadda ɗan adawa ya koma ɗan gida

Jiya da daddare a teburin mai shayi nan Idi Araba musu ya kaure kan Femi Gbajabiamila, tsohon kakakin majalisar wakilai, wani yaro mai kawo kayan gwari daga kasuwar Mile 12 ya dage wai Tinubu ne kawai ya ɗauko shi rana tsaka ya ɗora, Baba mai goro ya ce masa kai yaro, lokacin da mutumin nan ya shiga majalisa ko tafiya ba ka fara ba. Shi ya sa na ce bari mu ɗan waiwaya, tunda Surulere ɗin ma maƙotanmu ne.

An haife shi a 1962 nan Legas, lauya ne, ya yi karatu a Jami'ar Legas ya kuma zauna Amurka. A 2003 ya ci kujerar Surulere ta ɗaya a majalisar wakilai ƙarƙashin jam'iyyar AD, lokacin PDP ta kwashe jihohin Yarbawa kaf sai Legas kaɗai ta tsira a hannun Tinubu. To daga nan sunan jam'iyya ne kawai yake canzawa, AD, AC, ACN, APC, shi yana nan daram, sau shida ana zaɓensa.

A adawa ya yi suna gaskiya. Yana cikin waɗanda suka yi wa tazarcen Obasanjo taurin kai a 2006, a 2011 kuma ya zama shugaban marasa rinjaye, shekarar ce ma gwamnatin Jonathan ta ba shi lambar girmamawa ta OFR ya ce a kai kasuwa. Abin da yaran yanzu ba su sani ba, a 2011 ɗin PDP Mulikat Akande take so ta zama kakaki, Bayarbiya 'yar Oyo, amma shi da 'yan ACN suka bi Aminu Waziri Tambuwal na Sakkwato aka kayar da ita, ka ga tun lokacin yake saka jari a Arewa ke nan.

Sai 2015, nan ne ya sha ƙasa. APC ta ci mulki, jam'iyya ta tsayar da shi takarar kakaki, kowa na ganin an gama, sai ga Yakubu Dogara na Bauchi ya haɗa kai da 'yan PDP ya samu ƙuri'a 182 shi kuma 174, ƙuri'a takwas kacal fa, a ranar da Saraki ma ya yi nasa wayon a majalisar dattawa. Wani da tuni ya yi fushi ya tattara komatsansa, shi ko ya haɗiye ya karɓi shugaban masu rinjaye ya zauna ƙarƙashin Dogara shekara huɗu yana bin mutane ɗaya bayan ɗaya, don lissafin a fili yake, kujeru 360 ne a zauren kuma Legas 24 take da su, daidai da Kano. Da 2019 ta zo ya ɗauki Idris Wase na Filato mataimaki, ya ci kujerar kakaki da ƙuri'a sama da 280, Umar Bago wanda ya zama gwamnan Neja daga baya ya tsira da 76.

Zamaninsa na kakaki ne aka yi dokar man fetur ta 2021 da dokar zaɓe ta 2022, ya shiga tsakani a yajin aikin ƙungiyar malaman jami'o'i ASUU na wata takwas, shi ya kawo ƙudirin bashin karatu na ɗalibai. Amma ni a ganina bakin nan mai kaifi ya dakushe, duk bashin da Buhari ya nema sai dai ka ji an buga guduma, har mutane suka riƙa ce wa majalisar 'yar amshin shata. Lambar girmamawar ma da aka sake miƙo masa a 2022, CFR wannan karon, hannu biyu ya sa ya karɓa.

A Yunin 2023 ya ajiye kujerar da ya ci karo na shida ya koma shugaban ma'aikatan fadar Tinubu, aka yi zaɓen cike gurbi a Fabrairun 2024 Fuad Laguda ya gaje shi. Jiyan ma da Baba mai goro ya kawo nan a nasa bayanin sai yaron ya ce to Baba ai maganata ce ta fito, Tinubun ne dai, Baba ya ce shanye shayinka ya huce.