Talant Dujshebaev

Talant Dujshebaev tsohon ɗan wasan ƙwallon hannu ne da ya koma koci, an haife shi ranar 2 ga Yuni 1968 a birnin Frunze, wato Bishkek na yanzu a ƙasar Kirgistan, lokacin tana cikin Tarayyar Sobiyet. A fili tsakiya yake tsayawa, shi ne mai raba ƙwallo da tsara hari, kuma duk da ba wani dogo ba ne a cikin ƙattan wasan nan, saurinsa da kaifin idonsa sun sa ba a iya riƙe shi.

Ya taso a kulob ɗin CSKA Moscow. A gasar Olamfik ta Barcelona 1992 Sobiyet ta riga ta wargaje, sai shi da sauran 'yan wasan tsohuwar Sobiyet suka buga da sunan haɗaɗɗiyar tawaga suka ci zinare, kuma shi ya fi kowa zura ƙwallo. 1993 ya ci kofin duniya da Rasha. Lokacin ya riga ya koma Teka Cantabria a Sifaniya, ya ɗauki kofin zakarun Turai da su a 1994, daga baya ya karɓi takardar zama ɗan Sifaniya ya ciyo musu tagulla a Olamfik na 1996 da na 2000. Mutum ɗaya tuta uku kenan fa. Hukumar ƙwallon hannu ta duniya, IHF, ta ba shi gwarzon duniya sau biyu, 1994 da 1996. Ya ɗan yi zama a Jamus, a kulob ɗin Nettelstedt da na Minden, kafin ya dawo Sifaniya ya shiga kulob ɗin Ciudad Real a 2001.

A nan Ciudad Real ɗin ya zama koci a 2005, kuma bai ɓata lokaci ba, kofin zakarun Turai uku ya kawo musu, 2006, 2008 da 2009. Da kulob ɗin ya koma Atlético Madrid ya bi shi har kuɗi suka ƙare aka rufe a 2013, sai ya tafi Kielce ta Poland a 2014.

Wasan da ba a mantawa da shi shi ne wasan ƙarshe na kofin zakarun Turai a birnin Cologne na Jamus a 2016. Veszprém ta Hungary na gaba da 28 da 19, saura kamar minti 15, kowa ya gama cire rai, amma yaran Kielce suka rama duka taran aka je ƙarin lokaci, can ma canjaras, sai a jifan mita bakwai, wato fanaretin ƙwallon hannu, suka ɗauke kofin. Shi kuwa a bakin fili ba ya zama wuri ɗaya, ihu da faɗa da alƙalan wasa ba baƙon abu ba ne a wajensa.

Ya kuma horar da tawagar Hungary da ta Poland, wadda ya kai ta huɗu a Olamfik na Rio 2016. 'Ya'yansa biyu, Alex da Daniel, Sifaniya suke bugawa, kuma dukansu sun yi wasa a ƙarƙashin babansu a Kielce.