Worldcon da Kyautar Hugo: Wa Ke Zaɓe, Kuma Ta Yaya?

Mene ne Worldcon?

Taro ne na shekara-shekara na masoya ƙagaggun labaran kimiyya, wato labaran tafiya sararin samaniya, mutum-mutumi da rayuwar gobe. An fara shi a New York a 1939, Yaƙin Duniya na Biyu ya dakatar da shi daga 1942 zuwa 1945. Ba kamfani ke da shi ba. 'Yan sa-kai ne ke shirya shi, kuma mambobi ke jefa ƙuri'a su zaɓi birnin da zai karɓi baƙunci shekara biyu kafin lokaci. Ya je Landan a 1957, Yokohama a 2007, Chengdu ta ƙasar Sin a 2023, Glasgow a 2024.

Daga ina sunan Hugo ya fito, kuma nawa ake ba wanda ya ci?

Hugo kyauta ce da ake bayarwa a Worldcon ga fitattun ayyukan wannan fanni. Sunan Hugo Gernsback aka sa mata, wanda ya kafa mujallar Amazing Stories a 1926. An fara ba da kyautar a 1953 a Philadelphia, aka tsallake 1954, daga 1955 kuwa ba a sake fashi ba. Ko sisi ba a bayarwa. Kambun ƙarfe ne mai siffar roka, kowane taro kuma yana tsara gindin da za a ɗora shi. Ribar tana zuwa ne ta kasuwa, idan aka buga sunan kyautar a bangon littafi.

Yaya ake raba rukunonin labari?

Da yawan kalmomi. Ƙasa da 7,500 gajeren labari ne. Daga 7,500 zuwa 17,500 rukuni guda, daga 17,500 zuwa 40,000 wani rukunin, abin da ya kai 40,000 ya zama cikakken littafi. Akwai kuma rukunonin fim, edita, mai zane da mujallun masoya.

Su wa ke zaɓe?

Babu kwamitin alƙalai. Duk wanda ya sayi rajistar WSFS, ƙungiyar mambobin Worldcon, yana da ƙuri'a, ko bai taka ƙafa wurin taron ba; a 'yan shekarun nan kuɗin yana kusan dala 50. Zagaye biyu ne. A na farko, mambobin bana da na bara kowa yana gabatar da abin da bai wuce ayyuka biyar ba a kowane rukuni, daga cikin waɗanda suka fito a shekarar da ta gabata, a tace a fitar da shida. A na biyu mambobin bana kaɗai ke zaɓe, suna jera ayyukan daga na ɗaya zuwa ƙasa. Idan babu wanda ya haura rabi, a cire na ƙarshe, a raba ƙuri'unsa ga zaɓi na gaba da ke kan kowace takarda, har a samu mai rinjaye. Shi ya sa wani lokaci wanda ya fara a gaba yake shan ƙasa: wanda mutane da yawa suka sa a na biyu yana iya wuce wanda wasu ke so, wasu ke ƙi. A cikin jerin akwai kuma zaɓin "babu wanda ya cancanta".

Tunda da kuɗi ake samun ƙuri'a, ba a yin maguɗi?

An gwada. A 2015 wasu ƙungiyoyi biyu, Sad Puppies da Rabid Puppies, suka fitar da jerin sunaye, magoya bayansu suka kwafa iri ɗaya. Lissafin mai sauƙi ne: sauran masu zaɓe sun warwatsu a kan ɗaruruwan ayyuka, su kuwa tsirarun sun haɗa kai, sai suka mamaye wasu rukunoni kacokan. A taron shekarar, wanda aka yi a Spokane ta Amurka, mambobi suka mayar da martani, rukuni biyar aka tashi babu wanda aka ba.

Gyaran ya ɗauki lokaci, domin sai tarukan shekara biyu a jere sun amince kafin a sauya doka. Daga 2017 aka fara sabon tsarin ƙidaya a zagayen farko: kowace takarda tana da maki ɗaya a rukuni, ana raba shi ga ayyukan da ta ambata. Ana ɗauko biyu mafi ƙarancin maki, a zubar da wanda mutane kaɗan suka ambata, a sake lissafi. 'Yan jeri ɗaya sai su ƙare suna kayar da juna. Bai hana gungu samun gurbi ba, amma ya hana su cinye shidan.

A Glasgow kuma masu kula da zaɓen suka soke ƙuri'u 377 da suka gano na bogi ne, suka sanar a fili.

To me ya faru a Chengdu?

Wannan ya fi muni, domin ɓarnar daga cikin gida ta fito. Da aka fitar da alƙaluman zagayen farko a Janairun 2024, aka ga an cire wasu da suka samu isassun ƙuri'u ba tare da bayani ba, ciki har da littafin Babel na R. F. Kuang. Saƙonnin imel da suka fallasa daga baya sun nuna masu kula da kyautar sun riƙa binciken ra'ayoyin siyasar marubuta game da ƙasar Sin. An tsara dokokin ne don tsare akwati daga masu zaɓe, ba a yi tanadin mai ƙidaya ba.

Akwai 'yan Najeriya a ciki?

Nnedi Okorafor, Ba'amurkiya 'yar asalin Najeriya, ta ci a 2016 da Binti. Oghenechovwe Donald Ekpeki ya kai zagayen ƙarshe a 2022. Doka ba ta ce sai aikin Turanci ba, kuma aikin da aka fara bugawa da wani harshe yana sake cancanta a shekarar da fassararsa ta Turanci ta fito. Matsalar labarin Hausa ita ce masu zaɓe sai abin da suka karanta suke gabatarwa.