A.R. Rahman: tambayoyi kan makaɗin fina-finan Indiya

A Sakkwato mun daɗe muna kallon fim ɗin Indiya, amma jarumi muke riƙewa, makaɗi kuwa sai 'yan sitidiyo ke tambayar labarinsa. Ga abin da suka fi son ji game da Rahman.

Wane ne shi?

An haife shi a Madras, wato Chennai ta yanzu, ranar 6 ga Janairun 1967, da sunan Dileep Kumar. Mahaifinsa R.K. Shekhar makaɗin fim ne, ya mutu yaron yana ɗan shekara 9, gidan ya koma cin abinci da kuɗin hayar kayan kiɗan da ya bari. A ƙarshen shekarun 1980 ya musulunta, ya zama Allah Rakha Rahman.

Ta ina ya shigo fim?

Ta kiɗan talla. Yana haɗa wa kamfanoni kiɗa a ɗan sitidiyonsa na bayan gida, darakta Mani Ratnam ya ba shi fim ɗin Roja a 1992. Aikin farkon nan ya ci lambar yabo ta ƙasar Indiya.

Me ya raba kiɗansa da na magabatansa?

Kafin shi, an saba tara makaɗa cike da ɗaki, 'yan goge rututu, a ɗauka gaba ɗaya. Shi kuwa ɗai-ɗai yake ɗauka: mai sarewa ya busa nasa ya tafi, mai tabla, wato 'yan gangunan hannu na Indiya, ya zo, sannan ya zauna gaban kwamfuta, galibi da tsakar dare, yana jera su. Shi ya sa kake jin kowane abin kiɗa tsaf, ga amo mai kauri a ƙasa yana dukan ƙirji. Wani lokaci ya janye komai ya bar murya ita kaɗai, wannan ne ma ya fi burge ni. Yana gauraya kiɗan gargajiyar kudancin Indiya da ƙawwali na sufaye da na Turawa, ba tare da ɗaya ya danne ɗaya ba.

Waƙoƙi kaɗai yake yi?

A'a. Akwai kiɗan da ke bin labari a ƙarƙashin maganar jarumai, wanda ake sawa bayan an gama tace fim. Lambobin Oscar biyu da ya karɓa a 2009 kan Slumdog Millionaire, ɗaya ta wannan ce, ɗaya ta waƙa.

Yaranmu za su iya irin wannan?

Kayan aikin ba su fi ƙarfinsu ba. Inda nake da ƙorafi shi ne yawan dogaro da gangar da ke cikin fiyano, alhali a ƙasar da Narambaɗa ya kaɗa kotso, Salihu Jankiɗi ya riƙe sarautar taushi, har gobe akwai masu wannan hannu. Sai dai ɗaukar kotso na son haƙuri: ka matso da makirfo ya fashe, ka ja baya ƙarar janareta ta shigo.